Ba a Koyon Aski a Kan Maraya

A gidajenmu na Zango, idan yaro ya gama jami'a, ba a gama yi masa barka ba sai an tambaye shi yaushe albashi zai fara. Idan ya ce akwai sauran shekara guda ta hidimar ƙasa, mukan haƙura, tunda doka ce. Idan likita ne ya ce sai ya yi shekara biyu a asibiti ƙarƙashin manyan likitoci kafin a sakar masa hannu, ba mai musu, domin duk mun san abin da wuƙa da allura kan yi a hannun wanda bai goge ba. Amma akwai wata sana'a da ba ta riƙe wuƙa ko allura, saboda haka muka raina haɗarinta. Ita ce sana'ar ma'aikatan jin daɗin jama'a, waɗanda a bakinmu na yau da kullum muke kira 'yan Soshal. Da yawa daga cikinmu sun ɗauka aikin nasu magana ce kawai da cike takardu, kuma duk mai tausayi da daɗin baki zai iya shi tun ranar farko. Wannan zato ne muke son mu tattauna a kansa, domin muna ganin wanda za a ba amanar maraya, ko asirin aure, ko mai taɓin hankali, shi ya fi kowa bukatar ya daɗe a gaban gwani kafin a bar shi shi kaɗai.

Mu mazauna Nyohini bai kamata a yi mana dogon bayani a kan wannan ba. A unguwarmu Gidan Yara na Tamale yake, wanda Sashen Jin Daɗin Jama'a na gwamnati ke gudanarwa, ɗan'uwan wanda ke Osu a Ankara da wanda ke Kumasi. Muna wucewa ta ƙofarsa, wasunmu kan kai shinkafa da sabulu in azumi ya zo ko da Sallah. Abin da ba kasafai muke tunawa ba shi ne, yaro ba ya shiga irin wannan gida ya zauna sai wani ma'aikaci ya yi bincike, ya rubuta, ya sa hannu. Haka kuma ba ya fita ya koma wurin dangi, ko a ba wani riƙonsa, sai wani ya sake rubutawa. Rayuwar yaro kan karkata gabas ko yamma a kan shafi biyu ko uku da wani ya rubuta bayan ziyarar da ba ta wuce awa ɗaya ba.

Dokar Yara ta Gana ta shekarar 1998, mai lamba 560, ta ɗora wa waɗannan ma'aikata nauyi babba. Ta wajabta wa duk wanda ya san ana cutar da yaro ya kai rahoto ga sashensu. Ta ba su iko, idan bincike ya nuna yaro na cikin haɗari, su ɗauke shi su kai wurin da zai tsira har tsawon kwana 7 kafin a gabatar da maganarsa gaban Kotun Iyali. Ita kuma Kotun Iyali ba ta cika sai da ma'aikacin jin daɗin jama'a a cikin masu zama, kuma tana iya ba da umarnin a riƙe yaro nesa da iyayensa har shekara 3. Rigimar ciyar da 'ya'ya bayan saki, da ta wanda zai riƙe su, da maganar yaron da ya yi laifi, duk sukan bi ta hannunsu, tare da 'yan sandan sashen DOVVSU idan akwai duka ko cin zarafi. Wanda doka ta ba ikon ɗauke ɗa daga gaban uwarsa, ai ba za a ce magana kawai yake yi ba.

Akwai kuma reshen wannan sana'a da ya fi kusa da aikin asibiti, wato masu zama da wanda damuwa ta danne, ko wanda ƙwaya ta kama, ko matar da haihuwa ta bar ta da rikicewar tunani, su saurare shi, su gane ciwon, su bi shi da magani na zance da shawara har ya samu sauƙi. Bukatarmu gare su a Arewa ba ta ɓoyu ba. Asibitocin masu taɓin hankali uku na gwamnati, na Ankara da na Pantang da na Ankaful, duk a Kudu suke. Dokar Lafiyar Ƙwaƙwalwa ta 2012, mai lamba 846, ta zo da niyyar a riƙa kula da irin waɗannan marasa lafiya kusa da gida, cikin danginsu, maimakon a tara su nesa. A nan Tamale muna da sashen da ke duba su a Asibitin Koyarwa, muna da ƙungiyar BasicNeeds da ta daɗe tana wannan aiki, kuma manyanmu ba su manta marigayi Dokta David Abdulai na asibitin Shekhinah da ke Gurugu ba, wanda ya rasu a 2016, mutumin da ya shekara da shekaru yana aika abinci ga masu taɓin hankali da ke kwana a titunan garin nan. Amma kula da mara lafiya cikin danginsa na nufin wani zai shiga ɗakunanmu, ya ji abin da ba mu faɗa wa maƙwabci. Dole mu damu da irin horon da wannan mai shigowa ya samu.

Ƙasashen da suka daɗe da wannan sana'a sun auna horon da awa da wata. A jihar Niyok ta Amurka, inda 'yan'uwanmu na Zango suka cika unguwar Bronx, wanda ke son lasisin zama da masu ciwon rai shi kaɗai sai ya fara samun digiri na biyu a fannin, sannan ya yi wata 36 yana aiki ƙarƙashin ƙwararre mai lasisi, ya tara awa 2,000 na zama fuska da fuska da masu neman taimako, da awa 100 na zama da mai duba aikinsa, sannan ya ci jarrabawa. A Kalifoniya awa 3,000 ake nema, cikin mako 104 ko fiye. A Ingila, tun 2012, sabon ma'aikaci kan yi shekararsa ta farko da sassaucin kaya, ana dubansa ana auna shi. A Najeriya, a ƙarshen 2022 aka sa hannu a dokar kafa majalisar da za ta tsara wannan sana'a ta kuma yi wa masu yin ta rajista. A nan Gana, dokar 2013 mai lamba 857 ta kafa majalisar da ke ba masana halayyar ɗan'adam da masu ba da shawara lasisi, ita kuma ƙungiyar ma'aikatan jin daɗin jama'a ta daɗe tana fafutukar ganin sana'arsu ta samu irin wannan tsari. Makarantar koyon aikin da ke Osu da sashen da ke Jami'ar Legon duk sukan tura ɗalibai wuraren aiki kafin su gama, kamar yadda jami'armu ta UDS, wadda aka kafa a 1992, ta shahara da tura ɗalibanta su zauna makonni a ƙauyuka a zango na uku na shekarar karatu.

Wani zai ji waɗannan alƙaluma ya ce tsarin Turawa ne. Mu kuwa da muka duba, gidanmu muka gani a ciki. Ɗan wanzami kan shekara yana ɗaukar zabira, yana wasa aska, yana kallo, kafin a bar shi ya aske kan babba, kuma sai ya daɗe ƙwarai kafin a miƙa masa jariri ranar suna ko a bar shi ya yi kaciya, uban kuma yana tsaye a kansa. Yaron mahauci a Aboabo da wankin kayan ciki yake farawa. Ungozoma ba ta zama ungozoma sai ta yi shekaru tana riƙe wa wata fitila da ruwan zafi. Kakanninmu da suka yi fataucin goro tsakanin Kano da Salaga ba su taɓa naɗa madugu don ya haddace sunayen zanguna ba, sai wanda ya bi ayari sau da yawa a bayan wani madugun, ya ga yadda ake sasantawa da sarakunan hanya da yadda ake ƙetare kogi da jakuna. A zauren karatu kuwa abin ya fi fitowa fili. Almajiran malamai irin su Alhaji Umaru, wanda aka haifa a Kano, ya zauna Salaga, ya rasu a Kete-Krachi a 1934, ba su fita koyar da littafi sai malam ya ba su ijaza, kuma ijazar na ɗauke da sunan wanda ya ba da ita da sunan wanda shi ma ya karɓa a wurinsa. Ma'anarta ita ce wani babba ya sa mutuncinsa jingina a kan cewa wannan yaro ya isa. Lasisin da ake bayarwa bayan awa dubbai shi ma abin da yake faɗa ke nan, bambancin kawai an ƙidaya awannin an rubuta.

To me ake yi a wannan zama na sabon ma'aikaci da mai duba aikinsa? Ba lacca ake yi ba, kuma ba duba littafin zuwa aiki ba ne. Sabon kan zo da fayil ɗin wani gida da ke hannunsa, ya faɗi abin da ya gani da abin da yake shirin rubutawa, gwanin kuma ya yi ta tambaya. Ka keɓe da yarinyar, ko a gaban kishiyar uwarta ka tambaye ta? Wa ya yi maka tafinta, kuma mene ne tsakaninsa da mai gidan? Wannan da ka rubuta cewa uban ba ya ciyarwa, gani ka yi ko ji ka yi? In ka koma gobe ka tarar an mayar da yaron ƙauye, me ka tanada? Akan kuma yi masa wata tambaya da ba a yi a aji: me ka ji a ranka sa'ad da matar ke kuka, kuma wannan ji bai shiga alƙalaminka ba? Sabon ma'aikaci mai tausayi kan yi saurin ɗaukar gefe, ya yi alkawarin da ba shi da ikon cikawa, ya ba da lambarsa a kira shi tsakar dare, har ya ƙone cikin shekara guda ya fara jin haushin mutanen da ya zo taimako. Gwani ya riga ya bi wannan hanya. Abin da babba ya hango yana zaune, yaro ko ya hau rimi ba zai hango shi ba.

Mu Hausawan garin nan muna da dalili na musamman da zai sa mu damu da wannan. Mu tsiraru ne a tsakiyar Dagombawa, ma'aikacin da zai shigo gidanmu kuma sau da yawa ba Bahaushe ba ne, wani lokaci ma daga Kudu aka turo shi. A ɗauka ya zo gidan wata mata, ya lura ba ta kiran sunan babban ɗanta, ba ta zama kusa da shi, in an yabe shi sai ta kau da kai. Idan ba wanda ya taɓa gaya masa mene ne alkunyar ɗan fari, zai iya rubuta cewa uwar ba ta ƙaunar yaron. Ya ga yarinya a hannun gwaggonta tun tana shekara uku, ya rubuta cewa iyaye sun yar da ita, alhali riƙo ne, wanda mu da maƙwabtanmu Dagombawa duk muka gada. Ya yi wa yaro tambaya, yaro ya sunkuyar da kai saboda ladabi, shi kuma ya fassara shi da tsoro ko ƙarya. Irin wannan kuskure ba mugunta ke kawo shi ba, rashin sani ne, amma in ya shiga rahoto ya isa kotu, sunansa hujja. Mai duba aiki da ya shekara ashirin a Arewa shi ne zai tare rahoton ya ce, koma ka sake tambaya, ka nemi magajiyar unguwa ko limami su fahimtar da kai.

Sai dai kada mu yi saurin cewa maganin shi ne a turo mana ɗanmu kawai. Da ɗan gari akan ci gari, gaskiya ne, kuma muna matuƙar bukatar 'ya'yanmu a wannan aiki, masu jin Hausa da Dagbani, waɗanda tsohuwa za ta iya gaya wa ciwonta ba tare da tafinta ba. Amma ɗan gida yana da nasa makantar. Shi ya san alkunya, ya kuma san rufin asiri, kuma rufin asirin nan da muke alfahari da shi ya sha rufe abin da bai kamata a rufe ba. Idan riƙo ya koma bauta, yarinya tana talla tun asuba ba ta zuwa makaranta, ɗan gida zai iya cewa ai haka aka saba. Idan wanda ake zargi da taɓa yarinya mutum ne da ake tashi a ba shi wuri a taron suna, manya za su kira ma'aikacin gefe su ce a bar maganar a gida. Idan za a aurar da 'yar shekara 15, alhali dokar 1998 ta ce sai 18, mai yiwuwa uwar ma'aikacin ce za ta yi wa amaryar lalle. Yaro ɗan shekara 25 ba zai iya tsayawa gaban wannan shi kaɗai ba. Yana bukatar wani babba a wurin aiki, wanda ba ya cikin zumuncin, da zai ce masa, wannan gida ya yi maka kusa, miƙa wa wani, ko kuma, rubuta abin da ka gani, ni zan sa hannu tare da kai. Baƙo na bukatar gwani don ya gane mu, ɗan gida kuma na bukatarsa don kada kunyarmu ta ɗaure masa hannu.

Ga kuma maganar riƙe sirri. Hausawa sun ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, amma a al'umma ƙarama irin tamu, inda daga Nyohini zuwa Hausa Zango zuwa Sabonjida kowa surukin kowa ne, wannan karin magana na da wuyar cikawa. Ma'aikacin da ya ji da safe cewa wance ta yi yunƙurin hallaka kanta, ko wane tiramadol ya kama shi, da yamma zai zauna cin tuwo da mutanen da suka san su, kuma za a tambaye shi. Kalma ɗaya ta isa ta hana yarinya aure, ta kuma sa gida goma su daina buɗe wa 'yan Soshal ƙofa. Magana zarar bunu ce. Riƙe baki irin wannan ba ya samuwa daga karanta babi a kan ɗa'ar aiki. Yana samuwa ne idan mutum yana da wuri guda halattacce da zai sauke abin da ya ji, wato gaban mai duba aikinsa, har ya saba cewa a can kaɗai ake sauke shi.

Wannan horo yana da tsada, kuma mafi yawan tsadar a kan gida take sauka. Shekarun koyo shekaru ne na ɗan alawus da ba ya kai ƙarshen wata. Yaro na ganin abokinsa da ya shiga sayar da kayan babur ya yi aure ya kama ɗaki, shi kuwa yana yawo a rana daga kotu zuwa ofis. 'Ya mace kuma ana ƙirga mata shekaru. A nan ne mukan yi wa 'ya'yanmu illa da baki, mu ce karatun bai yi amfani ba, har su bar fannin su kama abin da ya samu, ko su karɓi aikin da zai ba su babban suna da babur tun ba su goge ba, a wurin da babu wani gwani a sama da su. Wanda kuma ke da niyyar fita waje wata rana ya sani cewa hukumomin ba da lasisi na can takarda suke dubawa: wa ya duba aikinka, mene ne matsayinsa, awa nawa, daga yaushe zuwa yaushe. Shekarun da mutum ya yi yana aiki tuƙuru ba tare da wani ya sa masa hannu ba, da wuya a ƙirga masa su. Saboda haka duk ɗanmu da ke wannan aiki ya nemi gwani ko da wurin aikinsa bai ba shi ba, ya kafa lokacin zama da shi a kai a kai, ya buɗe littafi yana rubuta rana da tsawon zaman, gwanin yana sa hannu. Ko bai taɓa barin Tamale ba, littafin nan ijazarsa ce.

Tamale gari ne mai ƙungiyoyin agaji da yawa, kuma alherinsu ya isa gidaje masu yawa. Amma yawan nan ya sa kusan kowa na iya sa riga mai tambari ya zo ya ce shi mai ba da shawara ne, bayan bita ta kwana uku a otal. Har baƙi matasa kan zo daga Turai su yi 'yan makonni da marayu, yara su shaƙu da su, su kuma su hau jirgi. Ba mu zargin niyyar kowa. Abin da muke cewa shi ne muna da haƙƙin tambaya, cikin ladabi, kamar yadda mukan tambayi baƙon malami a wurin wa ya yi karatu. Kafin mu bar wani ya keɓe da 'yarmu da ta dawo daga ɗaukar kaya a kasuwannin Kumasi da ciki, ko da ɗan'uwanmu da ya daina barci yana magana shi kaɗai, mu tambaye shi: daga wane ofis kake, wane ne ke duba aikinka, in muna da ƙorafi wa za mu gani? Ma'aikacin ƙwarai zai ji daɗin tambayar ya amsa ta nan take. Wanda ya fusata kuwa, ya riga ya ba mu amsa.

Akwai abin da ya rage a wuyanmu mu ma. Cikin tsofaffin ma'aikatan jin daɗin jama'a da na asibiti da suka yi ritaya a garin nan akwai gwanaye da ke zaune ba mai tambayarsu komai, sarakunan Zango da ƙungiyoyin matasanmu na iya haɗa su da yaranmu masu tasowa. Attajiranmu da ke biya wa ɗalibai kuɗin makaranta su tuna cewa shekarar da ke bayan digiri ita ce yaro ya fi bukatar kuɗin mota da na abinci. Iyaye kuma su sassauta tambayar albashi, su tuna sannu ba ta hana zuwa. Yaran da ke Gidan Yara na unguwarmu, da waɗanda ke cikin gidajenmu suna jiran wani ya lura da halin da suke ciki, ba su da ikon zaɓen wanda zai rubuta rahoto a kansu. Mu manya ne za mu nace cewa duk hannun da zai taɓa su ya zama wanda wani gwani ya riƙe ya gyara tukuna. Allah Ya ba mu masu riƙon amana, Ya kuma ba mu haƙurin renonsu har su isa.